Daga Ramin Kuza Zuwa Ƙunshin Nama

Yau tarihi zan taɓa, amma ta ƙofar madafi zan shiga.

Kwanakin baya na ga wani girki na mutanen Sin a waya: a yanka nama siriri, a haɗa da kabeji da karas da albasa da tattasai, a zuba ɗanyar citta da tafarnuwa da man riɗi da baƙin romon nan na waken suya, a ƙunshe a takardar foyil, a gasa. Su da naman alade suka yi, wanda ba ma ci, don haka ni cinyar rago na saya, kayan lambu kuma na ɗebo a kasuwar Muda Lawal. Na hura gawayi a kurfoti, na jera ƙunshi biyar a kan garwashi. Na farko ya fashe saboda ban ninke bakinsa sau biyu ba, romon ya tsiyaye cikin toka. Sauran na ba su kamar minti 25, na juya su sau ɗaya.

Niyyata in burge Baba, ko ya bar ni in kafa tebur ina sayarwa a gaban shagonsa da yamma. Da na kai masa, bai fara ta naman ba. Takardar ya ɗaga yana dubawa, ya ce, "Kai, wannan ba ita ce aka kwaso kakanka daga ƙasar Katsina dominta ba?" Na ce a'a Baba, wannan alminiyam ce, tasu kuza ce. Ya ce to je ka bincika. Na bincika, kuma ashe kowannenmu yana da rabin gaskiya.

Kafin alminiyam, da kuza ake yin irin wannan takarda a Turai, shi ya sa har gobe tsofaffinsu ke kiranta takardar kuza. Sai a 1910 aka buɗe masana'antar farko mai murza alminiyam ya zama falle a ƙasar Suwizalan. A 1911 kamfanin Tobler ya fara naɗe cakulan da ita, a 1912 Maggi ya bi sahu. E, Maggin nan dai da Inna ke ɓarewa kullum. Shigarta madafin gida kuwa sai 1947, lokacin da Reynolds ya fito da ita a Amurka. Wato lokacin da aka kwaso kakana, alminiyam ta riga ta ture kuza a wannan fanni. Kuzar da ya haƙa ta fi tafiya wajen shafe gwangwani don kada ya yi tsatsa, da like ƙarafa, da kayan yaƙi.

To amma me ya haɗa kuza da Bauchi? Abin da yawancinmu matasa ba mu sani ba shi ne, Turawa ba su suka gano ta ba. Tun kafin zuwansu akwai masu narka ta a Riruwai ta ƙasar Kano da Liruwen Dalma ta ƙasar Bauchi. Suna zuba ta sirara kamar tsinke, fatake su ɗauka a dami su kai kasuwanni, maƙeran farfaru su shafe kwanonin tagulla da ita. Waɗannan tsinkaye ne ma'aikatan Kamfanin Neja suka gani a hannun fatake, suka bi sawu. A 1902 Turawa suka ci Bauchi, a 1903 Laws ya iso da mutanensa ta wajen Tilden Fulani, daga nan aka hau dutse. Ba a jima ba filaye suka koma hannun kamfanoni, sana'ar narkawa ta gida ta mutu murus.

A lokacin duk tsaunukan Jos a cikin Lardin Bauchi suke, sai a 1926 aka yanke Lardin Filato. Shi ya sa ƙaramin jirgin ƙasan da ya taso daga Zariya ya isa Bukuru a 1914 aka laƙaba masa sunan Bauchi, alhali bai taɓa taka garin nan ba har aka rufe shi a 1957. Birnin Yakubu sai 1961 ya ga jirgi. Suna namu, kaya na wasu.

Ga inda Asiya ta shigo labarin gidanmu, tun kafin romon waken suya. A farkon 1942 Japan ta ƙwace Malaya daga hannun Ingila, kuma can ce babbar rumbun kuzarsu. Sai suka juyo kan Filato. Daga 1942 zuwa 1944 aka yi aikin tilas, wanda mutane suka kira ɗiban gwamna: a sa wa hakimi adadi, hakimi ya sa wa dagaci, dagaci ya tattaro wanda ba shi da gata. Kakana yana cikinsu a 1943, yana saurayi. Baba ya ce abin da tsohon ya fi ambata har ya rasu ba wahalar ɗaukar kwano a ka ba ce, sanyi ne. Mutumin da ya taso a zafin Katsina, aka kai shi kan dutse da riga ɗaya. Da yawa ciwon haƙarƙari ya kashe su a bariki. Shi da ya tsira bai koma gida ba, ya kama tireda a Bukuru yana sayar wa leburori gishiri da kananzir, a nan ya haifi Baba. Kasuwar kuza ta duniya ta rushe a 1985, aka bar mana kududdufai. Mu kuma rikicin Nuwamba 2008 ya sauko da mu Bauchi ina ɗan ƙarami. A can ana ce mana baƙi, a nan ana ce mana 'yan Jos.

Inna tana jin duk wannan muhawara daga bakin murhu, sai ta ce mu biyun mun cika surutu, ƙunshe abinci a dafa ai ba Sinawa suka koya mata ba. Kuma haka ne. Tubani a ganye ake naɗe shi, alale ma haka kafin ya koma gwangwanin madara, daga baya ya faɗa leda, wadda ni dai ban yarda da dafa abinci a cikinta ba. Goro a ganyen fita yake tahowa daga kurmi. Mai balangu kuwa takardar siminti ce tasa. Su ma Sinawan suna da tsohuwar kazarsu da ake naɗewa a ganyen bado, a shafe da laka, a binne a wuta. Abin da ya tsaya mini a rai gwangwanin alalen ne, don shi ne ainihin inda kuza take a gidanmu, a cikin kwandon wanke-wanke, ba a takarda mai ƙyalli da na sayo ba.

Baba ya cinye ƙunshinsa tas, ya ce citta ta yi yawa kuma babu yaji. Maganar tebur ya ce in fara lissafa kuɗin takardar a kan kowane ƙunshi, in kawo masa a rubuce bayan sallar Juma'a. Takardar da ya ci a ciki kuwa ya goge ta, ya ninke, ya sa a aljihu.

Duk wanda kakansa ya yi ɗiban gwamna, don Allah ya rubuto mini garin da aka ɗauko shi da barikin da aka kai shi. Namu Baba bai riƙe sunan barikin ba.