Gonar Gado da Mai Saye: Darasi daga Tarihin Ƙasar Zamfara

A garuruwan noma irin su Nahuce, Bunguɗu da Tsafe, gona ta daɗe tana hannun gida gaba ɗaya. Uba da 'ya'yansa maza suna noman gandu tare, kowane ɗa kuma yana da gayaunarsa. In uba ya rasu, ba kullum ake raba gonar nan take ba. Babban wa yakan ci gaba da riƙe ta, ƙanne su tafi cirani, mata su yi aure a wani gari. Rigima takan tashi ranar da wan ya sayar, mai saye kuwa ya biya da zuciya ɗaya, bai san akwai rabon wasu a ciki ba.

Kotunan alƙalai a ƙasar Hausa sun daɗe suna warware wannan bisa fiƙihun Malikiyya. Ya kamata mu san ƙa'idodinsu, gama yawancin waɗanda muke sayen fili a hannunsu da su suke raba gado. Na farko, mutum ba shi da ikon sayar da rabon ɗan'uwansa sai mai rabon ya yarda. Na biyu, akwai shufa'a: idan ɗaya daga cikin masu tarayya ya sayar wa bare nasa kason kafin a raba, abokan tarayyarsa suna iya mayar wa mai saye kuɗinsa su karɓi kason. Na uku, ba a bar mai saye da hasara ba. Yana da ikon neman kuɗinsa daga wanda ya sayar masa, amfanin da ya riga ya ci nasa ne, in kuwa ya yi gini, sai an biya shi ƙimar ginin. Na huɗu shi ne hauzi: wanda yake gari, yana ganin bare yana aiki da filinsa shekara 10, ya yi shiru ba da wani uzuri ba, ba a ƙara sauraron ƙararsa.

Turawa sun ɗora wata doka a kan wannan. A 1910 suka sa ƙasar Arewa duka a ƙarƙashin ikon Gwamna. Gwamnatin Jihar Arewa ta sabunta tsarin a 1962, sa'an nan Dokar Amfani da Ƙasa ta 1978 ta danƙa ƙasar kowace jiha amana a hannun gwamnanta. Fili kuma ya yi ta ƙara daraja, tun da jirgin ƙasa ya iso Gusau har ta zama babban birnin Jihar Zamfara a 1996. Mutane da yawa suka ɗauka takardar gwamnati tana rufe bakin kowa. Amma a 1990 Kotun Ƙoli ta Nijeriya ta nuna cewa takardar izinin mallaka ba ta ba mutum filin da tun asali ba nasa ba ne.

Duk tsawon wannan tarihi, kyakkyawar niyya tana iya dawo wa mai saye da kuɗinsa, amma ba ta shafe haƙƙin magaji. Saboda haka, kafin ikilisiya ta sayi fili don majami'a ko gidan fasto, sai dattawa su tambaya: an raba gadon? Gwauruwar ta karɓi tumuninta? 'Ya'ya mata da waɗanda ke nesa sun sa hannu? Mai unguwa da maƙwabta sun shaida iyakoki? Annabi Irmiya, da ya sayi gonar ɗan'uwansa a Anatot, ya auna kuɗin a gaban shaidu, ya sa aka adana takardun a tukunyar ƙasa (Irmiya 32). Gaggawar gini kada ta sa mu yi ƙasa da haka.

Don tattaunawa: Magaji ya dawo bayan shekara 6, ya tarar an gina majami'a a kan rabonsa. Me dattawan ikilisiya za su fara yi?