Majigi, Dodon Bango da Fim Bebe

Har yau in aka haska hoto a jikin bango a Panshekara, dattawa majigi suke cewa. Sunan ya fito ne daga abin da Turawa ke kira fitilar sihiri. A da, motar gwamnatin mulkin mallaka ce ke yawo da shi gari-gari, kyauta, ana nuna tsafta da noma, ga mai bayani da lasifika yana faɗa wa jama'a abin da ke gudana. Sinimar kuɗi kuwa, irin Rex da aka buɗe a Kano a 1937, sunan tsoro aka ba ta, dodon bango.

To finafinan farko, waɗanda ba a jin muryar ɗan wasa, me za mu kira su? Mara sauti bai dace ba, domin da kiɗa ake nuna su. Jamusawa Stummfilm suke cewa, wato fim bebe, kuma sun yi daidai, don bebe yana magana da hannu da ido.

Cikin irin waɗannan finafinai akwai Der letzte Mann na F. W. Murnau, na 1924. Emil Jannings ne ya fito a matsayin tsoho mai tsaron ƙofar babban otal a Balin, rigar aikinsa mai maɓallan zinariya ita ce mutuncinsa a unguwa. Da tsufa ya zo aka tuɓe masa ita, aka mai da shi mai kula da bayan gida. Sai ya sace rigar don ya riƙa komawa gida da ita, kada maƙwabta su gane. Kusan babu rubutu a fim ɗin. Kafaɗunsa da suka ranƙwafa ne ke ba da labari.

A Amurka an sa masa suna mai nufin dariyar ƙarshe, saboda gādon da ya faɗo wa tsohon a ƙarshe. Sunan asali kuwa mutumin ƙarshe ne, wanda ba kowa a ƙasansa. Duk wanda ya ga magidantan da suka zauna ba aiki bayan rufe masaƙu a Sharada, Challawa da Bompai ya san wanne ne sunan gaskiya.

Ina roƙon masu fassara finafinan Indiya a Kano, in wannan ya zo hannunku, ku kira shi Mutumin Ƙarshe, kuma kada ku ɗora masa murya.