Nana Asma'u da Malfar Jaji

'Yan'uwana mata, har gobe akwai masu cewa wai rubutun mace baƙon abu ne, boko ne ya kawo mana shi. Ni dai in na ji haka sai in ce su je Hubbaren Shehu a nan Sakkwato, su tambayi kabarin ɗiyarsa Nana Asma'u.

An haife ta a Ɗegel a 1793, ita da tagwaininta Hassan. Tana yarinya aka yi hijira zuwa Gudu a 1804, ta ga yaƙi da yunwa da idonta. Ta auri Giɗaɗo ɗan Laima, wazirin Sarkin Musulmi Muhammadu Bello, ta yi aure ta haihu kamar kowaccenmu, amma alƙalami bai bar hannunta ba. Marubuciyar waƙa ce, mai fassara ce, malama ce, kuma ma'ajiyar tarihi, don a Waƙar Gewaye ta bi sawun mahaifinta zango zango. Ta yi rubutu da Larabci da Fillanci da Hausa.

To, abin da ya fi burge ni shi ne Hausar nan. Ita Bafillata ce, Larabcinta kuma ya isa ta yi wa manyan malamai wasiƙa. Amma ta duba ta ga matan ƙauye ba su jin ko ɗaya, sai ta dawo harshensu. Waƙar Tabbat Haƙiƙa da Shehu ya yi da Fillanci, ita ta mayar da ita Hausa, yadda mace za ta haddace tana daka ko tana kaɗi.

Ba ta tsaya nan ba. Ta kafa 'Yan Taru, ta naɗa dattawan mata shugabanni, ana kiran kowacce jaji. Su ne ke ɗauko 'yan mata da tsofaffi daga ƙauyuka zuwa wurinta, su koma gida da karatu a ka, su koyar da matan aure da ba su iya fita. Alamar naɗin kuwa malfa ce da jan ƙyalle. Kin san malfar nan a da Innar Gobir, uwar 'yan bori, ke sa ta. Nana ba ta ƙyamaci abin da mata suka saba girmamawa ba, sai ta ɗora shi a kan malama. Wallahi wannan hikima ce, don mai son a bi shi ba ya farawa da zagin gidan mutane.

Ta rasu a 1864, ƙanwarta Maryam ta ci gaba da aikin. A 1997 Jean Boyd da Beverly Mack suka tattara rubuce-rubucenta a littafi guda.

Saboda haka 'yar'uwa, in ɗiyarki ta ɗauki biro tana rubutu da Hausa, kada ki ce ta baro tuwo a wuta ta kama shirme. Gado ta tarar. Allah Ya jiƙan Nana, Ya ba mu albarkacinta, amin.