Kasagi Marubuci: Ɓangaren da Nazari Ya Yi Wa Ƙwauron Kulawa

Da Umaru Ɗanjuma Katsina ya rasu a watan Oktoba na 2021, Kasagi aka fi yi wa ta'aziyya, wato ɗan wasan da ya cika gidajen Arewa da dariya a zamanin da talabijin ke tashe, tare da tsararrakinsa irin su Ƙasimu Yero da Usman Baba Pategi, Samanja. Ba kasafai aka tuna cewa shi ne marubucin Kulɓa Na Ɓarna ba, wasan da kamfanin NNPC na Zariya ya buga a 1979. Wannan maƙala na ganin raba mutumin gida biyu da aka yi ya jawo wa nazarin wasan kwaikwayon Hausa asara, domin ba a fahimtar rubutunsa sai an san daga dandali ya zo.

Tarihin fannin ma yana goyon bayan haka. Tun daga Six Hausa Plays na R. M. East a shekarun 1930, rubutaccen wasa a Hausa ya taso ne a gindin makaranta, don koyarwa. Shu'aibu Maƙarfi ne ya shigo da iskar waje, saboda wasanninsa, Zamanin Nan Namu da Jatau Na Kyallu, ta rediyo suka bi kafin su zama littafi. Umaru Ɗanjuma ya ƙara taki ɗaya: shi da kansa yake tsayawa gaban kyamara. Wanda ya saba furta magana a bainar jama'a ya san inda numfashi ke yankewa, ya san wace kalma ce za ta faɗi ƙasa banza, wacce kuma za ta sa 'yan kallo su gyara zama. Irin wannan sani ba a aji ake samunsa ba, kuma shi ya kamata mai nazari ya bi sawunsa a cikin zantukan taurarin wasan.

Sai dai me muke yi? Ɗalibi ya zo rubuta kundi, sai ya tsamo jigo, ya ce wasan gargaɗi ne kan masu kuɗin da ke hure wa 'yan mata 'yan makaranta kunne, ya jera zubi da tsari da salo, ya rufe. Jigon gaskiya ne, amma kowane mai wa'azi zai iya faɗinsa. Abin da ya sa Hukumar Fina-finai ta Nijeriya ta mayar da wasan fim a farkon shekarun 1990, ƙarƙashin jagorancin Brendan Shehu, ya wuce jigo. Labarin yana da ƙafafun da zai tsaya da su idan an ɗaga shi daga takarda. Ga littafi, ga fim, ga marubucin da shi ma ɗan wasa ne. Da wuya a samu abin kwatance da ya fi wannan a adabinmu.

Akwai darasi a rayuwar Hans Christian Andersen na ƙasar Denmak. Ya bar garinsu Odense a 1819, yana ɗan shekara 14, ya nufi Kopenhagen don ya zama ɗan wasa, dandali ya ƙi shi. Sai ya zuba muryar mai ba da labari a cikin tatsuniyoyin da ya fara bugawa a 1835, waɗanda masana suka nuna cewa har Abubakar Imam, tsohon ɗalibin Kwalejin Katsina, ya ɗebi wasu ya saka a Magana Jari Ce. Takarda ce ta riƙe Andersen. Kasagi kuwa dandali ya karɓe shi hannu bibbiyu, har ya rufe alƙalaminsa.

Wani zai ce ai ɗaukakarsa a wasan take, littafin ƙari ne. Ban yarda ba, ko don dalili ɗaya: kaset yana lalacewa, masu tuna shirye-shiryen wancan zamani kuma suna ta raguwa.

A birnin Katsina, daga Ƙofar Kwaya, hanyar Dutsin-ma ce ke kai mutum Jami'ar Umaru Musa 'Yar'aduwa da Kwalejin Ilimi ta Tarayya, inda ake koyar da Hausa. Haƙƙi ne a kansu su nemo abin da ya saura na hotunan wasannin Kasagi, su zauna da abokan aikinsa da ke raye, su sake buga littafin da gabatarwa ta ilimi.