Bashin albashi da hanyar kotu a Nijar, 1990 zuwa farkon shekarun 2000

A cikin wannan ɗan nazari za mu duba dalilin da ya sa bashin albashi na shekarun 1990 ya zama rigimar ƙungiyoyin ƙwadago da gwamnati, maimakon ya zama shari'a tsakanin ma'aikaci da wanda ya ɗauke shi aiki. Za mu ɗauki misalin malamin jami'a da ya yi ritaya ya koma gida, mu ce garin Gure a jihar Damagaram, domin a wurinsa ne matsalar ta fi fitowa fili.

Asalin lamarin sananne ne. Kuɗin yuraniyom sun faɗi tun farkon shekarun 1980, baitulmali ya rame, aka shiga tsarin tsuke bakin aljihu na Bankin Duniya da Asusun Lamuni. Bayan kisan ɗalibai a gadar Kennedy ran 9 ga Fabrairu 1990, da Babban Taron Ƙasa da Farfesa André Salifou ya shugabanta daga 29 ga Yuli zuwa 3 ga Nuwamba 1991, an samu ƴancin magana, amma asusu na nan wayam. Gwamnatin riƙon ƙwarya ta Amadou Cheiffou, da ta Mahamane Ousmane daga 1993, da ta Ibrahim Baré Maïnassara daga 1996, kowace ta gaji bashin watanni, ta kuma bar wa magajiyarta.

Abin da ya fi muhimmanci ga mai tunanin kai ƙara shi ne ran 12 ga Janairu 1994, lokacin da aka karya darajar sefa da rabi. Albashin watan da ba a biya ba a 1993, ko da an biya shi cif bayan shekaru, ba zai sayi abin da zai saya a lokacinsa ba. Bashin yana nan a takarda, ƙimarsa tana zagwanyewa.

To me ya hana zuwa kotu? Wanda ke bakin aiki yana da makamin yajin aiki, ta hanyar SNECS ko babbar ƙungiyar USTN. Wanda ya yi ritaya ba shi da aikin da zai ajiye, saura masa takarda. Ita kuwa takardar sai ta bi hanyar shari'ar mulki da aka gada daga Faransa: a fara rubuta wa hukuma koke, a jira amsarta ko shirunta, sannan a tunkari alƙali. Ga kuma tambayar wa za a kai ƙara, tun da Jami'ar Yamai, wadda aka raɗa wa sunan Abdou Moumouni a 1992, hukuma ce mai cin gashin kanta a doka, alhali kuɗinta daga kasafin gwamnati suke fitowa. Sai a haɗa da nisa: tsakanin Gure da Yamai akwai fiye da kilomita 1,000, a wancan zamani kuma babu jami'a a Damagaram, sai a 2010 aka kafa ta.

Ko an ci nasara, da sauran rina a kaba. Dokar OHADA ta 1998 kan tilasta biyan bashi, a sashenta na 30, ta kare hukumomin gwamnati daga kamen dukiya. Mai hukunci a hannu ba ya iya aika ma'aikacin kotu ya kama motar ma'aikata ko asusunta. A ganinmu wannan ne ya fi kashe wa mutane gwiwa, fiye da tsadar lauya.

Saboda haka warwarar ta zo ta hanyar siyasa. A zamanin Tandja Mamadou, wanda aka zaɓa a ƙarshen 1999, an biya wani ɓangare na bashin da filayen gini, musamman a gefen Yamai. Ga ma'aikacin da ke zaune a babban birni, fili dukiya ce. Ga dattijon da ya riga ya tattara ya koma Gure, takarda ce da zai nemi mai saye, sau da yawa a farashin da mai sayen ya yanka. Wannan fanni na rabon filayen, wato wa ya riƙe nasa, wa ya sayar, kuma a nawa, ya cancanci ɗalibanmu su bi shi a kundayen ma'aikatar filaye da na magajin garin Yamai.