Yadda ake koya wa mage karce turke maimakon kayan ɗaki

A tsofaffin unguwannin cikin birnin Kano irin su Yakasai, Zage da Jakara, inda gidaje ke manne da juna, magidanta da 'yan kasuwa da dama na ajiye mage domin maganin ɓeraye, waɗanda ke ɓarnar hatsi da yadi, wasunsu kuma ke yaɗa zazzaɓin Lassa. Sai dai wannan mai gadi ba kyanwar Lami ba ce: takan yage kushin, ta tsefe kafet, ta tsaga tumtum. Daga nan sai duka, ko a jefar da ita a kango, ɓeraye kuma su dawo.

Me ya sa take karce?

Karce halitta ce, ba ƙeta ba. Mage na da farata 18, biyar-biyar a ƙafafun gaba, huɗu-huɗu a na baya, kuma da karce take saɓule tsohon ɓawon farcen. Ta haka ne take miƙa jiki, ta kuma bar ƙanshin da ke fita daga tsakanin yatsunta, alamar cewa wurin nata ne. Saboda haka ba a hana ta, sauya mata wuri ake yi.

Haɗa turken

Ana samun katako mai kauri da tsawonsa ya kai santimita 80 zuwa 90, yadda za ta miƙe a jikinsa gaba ɗaya. Kafinta zai kafa shi a kan faffaɗan allo mai nauyi, domin turken da ke rawa tsorata ta yake yi. Sai a naɗe shi tamau da igiyar rama, irin wadda ake sayarwa a Kasuwar Kurmi, ko da buhun algarara. Magen da ta fi son karce ƙasa kuwa, kwali mai kauri ko tsohuwar tabarma sun wadatar.

Horarwa

A ajiye turken dab da kujerar da ta saba yagewa, ko kusa da makwancinta, tunda da miƙa take tashi daga barci. A riƙa wasa da ita da zare a jikinsa. Duk lokacin da ta kafa farce, a ba ta ɗan dafaffen kifi nan take. A guji nama mai albasa ko tafarnuwa, domin guba ne gare ta. Ita kuwa kujerar, a lulluɓe ta da leda, a ajiye ɓawon lemo a gefe, saboda mage ba ta son warinsa. Idan ta saba, sai a riƙa matsar da turken kaɗan-kaɗan zuwa inda ake so. Ɗan mage ya fi saurin koyo, amma babba ma na ɗauka cikin 'yan makonni.

Abin kiyayewa

Duka da tsawa tsoron mutum kawai suke koya mata, sai ta koma ɓarna a ɓoye. Malamai ma na jan kunne da hadisin matar da aka azabtar saboda ta kulle mage ba ci ba sha. Ana iya datse tsinin faratan duk bayan mako 2 zuwa 3, ba tare da an kai ga jan da ke ciki ba. Cire su ɗungurungum kuwa yanke ƙashin ƙarshen yatsa ne. An haramta shi a Ingila, jihar New York ta Amurka ma ta hana a 2019. Wanda bai iya datsewa ba, ya kai ta wurin likitan dabbobi.