Hoto

hṑtō (sn., nj.; jam. hōtunā̀, aro daga Ingilishi).

1. Siffar mutum ko abu da aka ɗauka da kyamara: hoton gonar auduga.

2. ~n fuskar waya: abin da waya ke nunawa a fuskarta, wanda aka ɗauka aka adana. Matasa sukan tura shi zaurukan WhatsApp bayan wasan eFootball, domin yana ɗauke da yawan ƙwallayen da aka ci da kason riƙe ƙwallo, kuma shi ne hujjar da ke kashe gardama: Turo hoton mu gani.

3. ~ mai motsi: guntun bidiyo, kamar na cin ƙwallo; ya fi hoton fuskar waya cin data.

Dang.: ɗaukar hoto, mai hoto (jam. masu hoto).